Ku Tambaya Mu Amsa: Titi Na Wane Ne, Birki Na Wane Ne?

Wasiƙun da suka zo mana a wannan watan daga Jos da kewaye kusan duk a kan titi suka tsaya. Mun zaɓi guda bakwai. Waɗanda suka yi tsawo mun rage su, amma ba mu taɓa ma'anarsu ba.

Tambaya: Assalamu alaikum. Ranku ya daɗe, ina da shago a Gada Biyu. Kowa ya san gangaren da ya taso daga shataletalen Polo, da yadda manyan motoci ke ƙwacewa su afko cikin jama'a. Duk ofishin da muka kai kuka sai a tura mu wani. Don Allah wa ke da alhakin wannan wuri? (Daga wani dattijo ɗan kasuwa, Gada Biyu)

Amsa: Wa alaikumus salam, Alhaji. Allah ya jiƙan waɗanda suka rasu, ya ba masu rauni lafiya. Turawar da ake yi muku tana da asali. A Najeriya mai titi daban ne, mai sa ido a kan direba daban, mai duba lafiyar mota ma daban, kuma kowannensu da dokar da ta kafa shi da kasafin da yake ci.

Hanyoyin ƙasar nan kashi uku ne: na Tarayya, na jiha, da na ƙaramar hukuma. Cikin kusan kilomita 200,000 da muke da su, kimanin 35,000 ne na Tarayya. Ma'aikatar Ayyuka ta Tarayya ke gina su, kuma tana da Kwanturolan Ayyuka a kowace jiha, har da nan Filato. Faci da yashe magudana da gyaran kafaɗar titi aikin hukumar gyaran hanyoyin Tarayya ne, wato FERMA, wadda aka kafa a 2002. Ita kuwa Hukumar Kiyaye Haɗurra ta Ƙasa, FRSC, wadda muke ce wa Rod Sefti, an kafa ta a 1988 zamanin Janar Babangida, kuma dokar 2007 ce take aiki da ita yanzu. Aikinta sintiri, kama mai laifi, janye motar da ta tare hanya, kwasar masu rauni, wayar da kai, da ba wa mai titi shawara a kan wurin da ke cin rayuka. Ba ta da kwalta, ba ta da kuɗin gina shinge. Manyan hanyoyin da suka fita daga Jos zuwa Akwanga da Bauchi da Zariya na Tarayya ne, amma guntayen da suka ratsa tsakiyar gari sau da yawa gwamnatin jiha ke yi musu aiki. Saboda haka takardarku ta je ɓangarorin biyu a rana ɗaya.

Kada ku rubuta "a kawo mana ɗauki" ku tsaya. Ku sayi littafi, ƙungiyar 'yan kasuwa ta riƙe shi, a rubuta kowane haɗari: rana, lokaci, irin motar, lambarta, abin da ta ɗauko, inda ta fito, inda ta tsaya, mutum nawa suka rasu, nawa suka ji rauni. Ku koma baya gwargwadon abin da mutane za su iya tunawa da shaida. Wannan littafin ne zai sa injiniya ya taso daga kujerarsa. Sai ku rubuta takarda ɗaya mai kwafi huɗu: Kwanturolan Ayyuka na Tarayya, Kwamishinan Ayyuka na jiha, Kwamandan FRSC na Filato, da hukumar raya birni ta JMDB. Mai unguwa da limamai da fastoci su sa hannu. Kowane ofis ya buga muku hatimin karɓa a kan kwafinku. A takardar Kwamanda ku nemi abu ɗaya takamaimai, wato jami'ansa su zo su auna wurin su rubuta rahoto ga mai titin. 'Yan majalisarku na jiha da na Tarayya su samu kwafi tun tsakiyar shekara, domin ana gabatar da kasafi ne wajen ƙarshenta, kuma aikin da bai shiga kasafi ba sai wata shekarar.

Akwai abin da za mu roƙe ku kada ku yi, ko da zuciya ta ɗebe ku: zuba tudun rage gudu da kanku a gindin gangare. Tirelar da birkinta ya riga ya mutu tudu ba ya tsayar da ita, ɗaga ta yake yi ya karkatar da ita, ta kife a kan rumfuna. Kuma tudun yakan tara ƙananan motoci da Keke a jere daidai inda za ta faɗo. Abin da ke aiki shi ne wurin tsayawa a saman gangare inda za a gwada birki, allon da ke umartar direba ya sa giyar ƙasa, shingen kankare tsakanin kwalta da masu kasuwa, da hana manyan motoci wucewa lokacin cunkoso. A 2024 gwamnatin Filato ta fitar da umarni mai lamba 003 da ya hana manyan motoci shiga tsakiyar gari daga ƙarfe 6 na safe zuwa 9 na dare, kuma kuna da haƙƙin tambayar yadda ake aiwatar da shi a wajenku. Ku ma da naku, Alhaji. Tebur da baro da suka hau kafaɗar titi a gindin gangaren su ja da baya, domin nan ne kaɗai direban da ya rasa birki zai iya kaucewa.

Tambaya: Malamai, ni direban tirela ne, shekarata goma sha ɗaya a hanya. Kullum aka yi haɗari a Hawan Kibo sai a ce direba ne. Mota ce mai gida ya ba ni da lodin da ya ga dama. Ina laifina idan birki ya ƙi? (Daga wani direba, Bukuru)

Amsa: Ɗan'uwa, maganarka akwai gaskiya a ciki, kuma akwai rabonka. Bari mu fara da abin da ke faruwa a ƙarƙashin motar.

Jos tana kan tudu mai tsayin kusan mita 1,200, kuma a Hawan Kibo ne hanya ke sauka daga wannan tudu cikin kwanoni. Birki yana tsayar da mota ne ta hanyar mayar da gudu zafi. Idan ka ɗora ƙafa a kansa tun daga sama, gangar birki takan yi zafi ta buɗe, fatar birki ta yi santsi kamar gilashi, sai ka taka har ƙasa ka ji babu kamu. Warin ƙauri da yaron mota ke ji alamar farko ke nan. Na biyu iska. Duk takawa da saki tana zubar da iskar tanki, kwamfireso kuwa da ƙarfin inji yake cika shi. Nan ne sakin mota a firi don tsimin gas yake kashe mutane: inji ya koma sulo, kwamfireso ba ya cika tanki, inji ba ya riƙe mota, kuma idan gudu ya yi yawa giya ba za ta ƙara shiga ba. Ƙa'idar tsofaffin direbobi tana nan daram, giyar da za ka hau da ita da ita za ka sauka, kuma tun a sama ake sa ta. Birkin salansa ya kasance a kunne. Birkin ƙafa a taka shi da ƙarfi na ɗan lokaci har gudu ya ragu, a sake shi ya huce.

Kafin ka baro Riyom akwai gwajin da bai wuce minti goma ba. Ka cika iska, ka kashe inji, ka danne birki minti ɗaya cur kana kallon allura. Bayan faɗuwar farko, idan ta ci gaba da sauka a kan idonka akwai yoyo, kuma ba a sauka da yoyo. Ka ja igiyar ƙasan tankunan iska ruwa ya zube, wanda a sanyin Jos yakan taru da yawa. Yaronka ya duba sandar da ke fitowa daga tukunyar birki lokacin da ka taka: idan tana fita fiye da inci biyu birkin yana son ɗauri. Fatar birkin da ta yi ƙasa da kwatar inci ta gama aiki. Ka tabbata tiyon iska biyu na bodi a haɗe suke, domin akwai kanikawan da ke toshe layin ƙafar da ke yoyo su ce a lallaɓa, sai kan tirelar kaɗai ya rage yana riƙe da nauyin motar gaba ɗaya.

Yanzu rabon mai gida da na hukuma. Buhun siminti kilo 50 ne. Buhu 600 tan 30 ke nan, buhu 900 tan 45. Birkin bai ƙaru ba, lodin da zai tsayar ya ƙaru da rabi. Ƙa'idar ECOWAS ta ƙayyade tan 11.5 a kan gatari guda mai tuƙi (ƙarfen da ke haɗa tayoyin hagu da na dama), kuma wurin da ya dace a tsare wannan ƙa'ida shi ne sikeli a bakin masana'anta da daffo da kan babbar hanya, kafin mota ta iso gangare. Takardar lafiyar mota da jami'an duba motoci, wato VIO, ke bayarwa ya kamata ta fito bayan an ɗora motar a na'urar gwajin birki, amma kowa a tasha ya san ana sabunta fatikula mota tana Legas takarda tana fitowa a wani gari. Idan aka kama direba shi kaɗai aka bar mai lodi da mai sa hannu, an bar jaki ana dukan taiki. Ra'ayinmu shi ne binciken kowane mummunan haɗari ya bi sawun takardar har teburin da ta fito, kuma Hawan Kibo ta cancanci hanyar tsira, wato ɗan reshe mai zurfin tsakuwa a gefen gangare inda motar da ta ƙwace za ta nutse ta tsaya. Ana yin haka a hanyoyin duwatsu na ƙasashe da yawa.

Abin da zai kare ka kai kanka: duk matsalar da ka gani ka aika wa mai mota a rubuce ta waya, da hoto, kafin ka tashi. Ka ajiye kwafin takardar lodi. Idan ya matsa, ka kai maganar ga shugabannin yuniyon ɗinku na tasha. A gaban alƙali wanda ya riƙe sitiyari ake fara tambaya, kuma "mai gida ne ya ce" ba ta wanke mutum idan babu shaida.

Tambaya: Ɗana ya ba wani mutum kuɗi da hoto, bayan mako biyu aka kawo masa lasin har gida. Bai je ko'ina ba. Hankalina bai kwanta ba. (Daga wata uwa, Unguwar Rogo)

Amsa: Hajiya, hankalinki ya gaya miki daidai. Lasin sabo ba ya fitowa sai mai shi ya je da ƙafarsa an ɗauki hotonsa da zanen yatsunsa. Wanda aka kawo gida da hoton fasfo kusan tabbas na jabu ne, kuma ana gane shi nan take idan aka sa lambarsa a rumbun bayanan FRSC. Ya daina tuƙi da shi.

Hukumomi uku ne ke da hannu a lasin. FRSC ke bugawa da riƙe bayanai, VIO ke gwada tuƙi, hukumar tara haraji ta jiha ke karɓar kuɗi da miƙa katin. Yaro sai ya cika shekara 18, kuma sai da lambar NIN. Zai shiga makarantar koyon tuƙi da FRSC ta amince da ita, ya karɓi takardar izinin koyo, ya yi darasi 26, makarantar ta ba shi shaida mai lamba. Da wannan shaidar zai je VIO su gwada shi a kan titi. Idan ya ci sai ya cika fom a intanet, ya biya a banki, ya je cibiyar lasin a ɗauki hoto da yatsu a gwada idonsa. Za a ba shi na wucin gadi mai kwana 60 kafin katin ya fito, na shekara uku ko biyar. Na haya kuwa sai da ƙarin shekaru da takardar likita.

Inda tsarin ke yoyo wuri biyu ne: makarantar da ke sayar da shaida ba tare da darasi ba, da gwajin da ake sa wa hannu ba a shiga mota ba. Ta nan ake samun lasin na gaske a hannun wanda bai iya tuƙi ba, kuma wannan ya fi na jabu haɗari, domin babu jami'in da zai gane shi a shinge. Ki matsa masa ya yi darasin nan 26 da jikinsa, ko da ya ce ya iya. Yawancin yaran da suka koya a hannun abokai sun iya tayar da mota da juya ta, amma ba su san tazarar da ake bari a bayan tirela ba, ba su san idan gudu ya ninka biyu nisan tsayawa yana ninka huɗu ba.

Tambaya: Na ji an ce kotu ta hana VIO tsayar da mota. Ke nan a Jos ma ba sai na tsaya ba? Kuma idan 'yan Rod Sefti suka rubuta min tara, a hannu zan biya? (Daga wani ɗan tasi, Farin Gada)

Amsa: Malam, ka tsaya. Hukuncin da kake magana a kai Babbar Kotun Tarayya ta Abuja ce ta yanke shi a Oktoban 2024, a kan hukumar VIO ta Babban Birnin Tarayya, bisa cewa babu dokar da ta ba ta ikon tsayar da mota ko ƙwace ta ko cin tara. VIO na Filato a ƙarƙashin dokokin jihar suke aiki, kuma hukuncin bai taɓa 'yan sanda ko FRSC ba. A 2023 ma Kotun Ɗaukaka Ƙara da ke Asaba ta ce hurumin FRSC hanyoyin Tarayya ne. Irin waɗannan hujjoji a gaban alƙali ake kawo su. Gardama a bakin titi ko take totur ba abin da za ta jawo maka sai ƙarin tuhuma.

Tara ba a biyan ta a hannu. Jami'i zai ba ka takardar laifi mai lamba, da sunan laifin da kuɗinsa, ka biya zuwa asusun gwamnati, ka kai rasit. A jadawalin da aka yi shekaru ana aiki da shi, rashin ɗaura bel naira 2,000 ne, waya a kan tuƙi 4,000, lodin wuce kima 10,000, tuƙin ganganci 50,000. Idan ba ka yarda ka yi laifin ba kana da damar ƙin biya a kai ka kotu, har da kotun tafi-da-gidanka da majistare ke zama. Miƙa wa jami'i na goro shi ma laifi ne da ke cikin jadawalin.

Tambaya: Ina da bas shida da ke jigila tsakanin Jos da Abuja. An ce sai na yi rajista da wani tsari na Rod Sefti, kuma na'urar ƙayyade gudu da na sa direbobi sun cire. Ya zan yi? (Daga wani mai motocin haya, Titin Bauchi)

Amsa: Alhaji, tsarin sunansa RTSSS, tun 2007 yake, kuma ya hau kan duk mai motar haya biyar zuwa sama. Ana buƙatar ka yi rajista, ka naɗa mutum guda da aikinsa kula da lafiyar tafiya, ka buɗe fayil ga kowane direba da kowace mota, a rubuta sunayen fasinjoji da lambar danginsu kafin mota ta tashi, jami'ai su zo su duba tasharka da motocinka su ba ka shaida. Takardar sunayen nan kada ka raina ta. Ranar da abu ya faru ita ce ke hana gawa kwana a asibiti ba a san ta wane ne ba.

Na'urar ƙayyade gudu an fara tilasta ta a motocin haya ranar 1 ga Fabrairun 2017. Tana karanta gudun mota ne ta rage man da ke shiga inji idan aka kai iyaka. Dokar hanya ta ba bas kilomita 50 a awa cikin gari, 80 a babbar hanya, 90 a tagwayen hanya. Ka sani na'urar ba ta taka birki, saboda haka a gangare mota za ta wuce iyakar. Direba kan kashe ta da ɗan makunni a ƙarƙashin dashbod ko ya sa mai waya ya tsallake ta. Ka sa wanda ya ɗaura ta ya buga mata hatimi, kuma ka sa na'urar bin sawu da za ta nuna maka gudun kowace mota a wayarka.

Amma tushen matsalar a lissafinka yake. Muddin kuɗin direba ya dogara da yawan sawu, ko balas ɗin da ka yanka masa ba ya fita sai ya je ya dawo a yini, zai cire duk abin da ka sa. Ka mayar da shi albashi da lada ga wanda ya yi wata bai wuce iyaka ba. Ka wajabta hutun aƙalla minti 15 bayan tuƙin awa huɗu. Taya kuma ka duba da idonka: a gefenta akwai lambobi huɗu, 2321 na nufin mako na 23 na 2021. FRSC tana ɗaukar shekara huɗu a matsayin wa'adin taya, kuma 'yar gwanjo mai kyan zane sau da yawa ta riga ta wuce shi kafin ta sauka a jirgi.

Tambaya: Shekara da shekaru muna jin shirye-shiryen kiyaye haɗurra. Wa ke sa ido a kan masu sa idon, kuma ana samun sauƙi kuwa? (Daga wata malamar makaranta, Tudun Wada)

Amsa: Malama, FRSC tana ƙarƙashin ofishin Sakataren Gwamnatin Tarayya. Shugaban ƙasa ke naɗa Kwamandanta na ƙasa, kwamitocin Majalisar Tarayya ke duba kasafinta, Babban Mai Binciken Kuɗi ke bin asusunta. An taɓa haɗe ta da 'yan sanda a 1999, aka raba su a 2003. Sama da wannan akwai majalisar ba da shawara ta ƙasa a kan kiyaye haɗurra, wadda Mataimakin Shugaban Ƙasa ke jagoranta, da gwamna ɗaya daga kowace shiyya da ministoci. An fara ƙaddamar da ita a 2017. Ita ya kamata ta haɗa kan ma'aikatun ayyuka da lafiya da ilimi da jihohi a kan shirin ƙasa na 2021 zuwa 2030, wanda ya bi burin Majalisar Ɗinkin Duniya na rage mace-macen hanya da rabi.

Alƙaluman FRSC sun ce mutum 5,081 suka rasu a 2023, sai 5,421 a 2024, duk da cewa yawan haɗurran ya sauko daga 10,617 zuwa 9,570. Haɗari ya ragu, mutuwa ta ƙaru, ma'ana kowane haɗari ya fi cin rai. Mutum 411 daga cikin na 2024 wajen kwasar man tankar da ta faɗi suka rasu, kamar abin da ya faru a Majiya ta Jigawa. Hukumar Lafiya ta Duniya kuwa, a rahotonta na 2018, ta ƙiyasta kusan mutum 40,000 a shekara. Giɓin yana da dalili. Wanda ya rasu a asibiti bayan mako guda sau da yawa ba ya shiga lissafi. Hanyoyin ƙauye babu sintiri. Mu kuma mukan yi wa mamaci sutura a ranar, babban abin da ke gaban dangi ke nan, babu mai zuwa ofis ya ba da rahoto. Wurin da ba a ƙirga gawarsa ba kuwa ba ya shiga jerin wuraren da za a gyara.

Idan za ki auna kowane shiri, kada ki tsaya a yawan mutanen da aka kama ko tarar da aka tara. Ki tambayi mutum nawa suka rasu a wannan hanyar bara, nawa bana, wurare nawa masu haɗari aka gyara, minti nawa motar asibiti ke ɗauka ta iso. Dokar 'yancin samun bayanai ta 2011 ta ba ki damar neman waɗannan a rubuce daga hukumar Tarayya, kuma ta ba hukumar kwana bakwai ta amsa. Ƙungiyar iyaye da malamai ta makarantarku za ta iya yin haka a kan titin da yaranku ke tsallakawa.

Tambaya: Mun ɗauki wani da mota ta buge a wajen Mararrabar Jama'a, wani asibiti ya ce sai mun kawo takardar 'yan sanda da kuɗin ajiya. Haka doka ta ce? (Daga wani matashi mai Keke, Dadin Kowa)

Amsa: Allah ya saka maka da alheri, ɗanmu. Doka ba ta ce haka ba. Sashe na 20 na Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ya hana kowane asibiti ko ma'aikacin lafiya ƙin ba da kulawar gaggawa bisa kowane dalili, kuma hukuncinsa tarar naira 100,000 ko ɗaurin wata shida ko duka biyun. Dokar FRSC ma ta sa ƙin karɓar wanda ya yi haɗari cikin laifuffuka. Ana fara ceton rai, takarda da kuɗi su biyo baya. Idan aka ƙi, kada ka ɓata lokaci da musu: ka riƙe sunan wurin da lokacin, ka wuce gaba da mara lafiya, daga baya ka kai ƙara ofishin FRSC da Ma'aikatar Lafiya ta jiha. Mai raunin kai ko karayar ƙashin baya babban asibiti yake buƙata, irin su Asibitin Koyarwa na Jami'ar Jos (JUTH) da ke Lamingo ko Asibitin Ƙwararru na Filato.

A wurin haɗarin, fara da kiran 122, lambar FRSC ce kyauta, ka faɗi wurin da alama sananniya da yawan masu rauni. Ka sa wani ya tsaya nesa ta kowane ɓangare yana tsayar da motoci, musamman a kwana ko da dare, domin haɗari na biyu yakan faɗa kan masu taimako. A kashe injin motar. Idan tanka ce kuma ana jin warin mai, a kori kowa nesa, babu sigari, babu tayar da babur. Jinin da ke zuba a danne shi da tsumma mai tsabta da ƙarfi, kada a riƙa ɗagawa ana leƙawa. Kada a ba shi ruwa, ko ya roƙa, saboda tiyata da shaƙewa. Wanda ke kukan wuya ko baya, ko ba ya jin ƙafafunsa, kada a naɗe shi a kujerar Keke. A samu ƙyaure ko faffaɗan katako, mutum uku ko huɗu su ɗaga shi a miƙe lokaci ɗaya, ɗaya yana riƙe da kai daidai da jiki.

Ka rubuta lambar motar da ta buge shi, domin ta nan kuɗin magani zai iya fitowa. Inshorar dole da kowace mota ke ɗauka, wadda ta koma naira 15,000 ga motar gida tun Janairun 2023, tana biyan rauni da mutuwar wanda aka buge, da ɓarnar dukiya har naira miliyan 3. Danna *565*11# ka sa lambar motar, zai nuna maka ko inshorar ta gaske ce da sunan kamfanin. Dangin mara lafiyar su nemi rahoton 'yan sanda da na likita, su adana kowane rasit na asibiti, su kai wa kamfanin da wuri.